Waƙar Ayari da Sharhinta: Yadda Yunƙurin Jama'a Yake Sake Al'ada

Bismillahir Rahmanir Rahim. Godiya ta tabbata ga Allah Ubangijin talikai, Mai juya dare da rana, Mai juya zukatan bayinsa yadda ya so. Tsira da aminci su tabbata ga Shugabanmu Annabi Muhammadu, da alayensa, da sahabbansa, da matansa iyayen muminai, da waɗanda suka bi sawunsu har zuwa ranar sakamako.

Bayan haka, dalilin wannan darasi shi ne, wata Juma'a bayan an tashi daga zikiri a zawiyarmu ta Zangon Kwatano, wani saurayi ya durƙusa gabana ya ce: "Allah gafarta Malam, kullum kuna yi mana wa'azi a kan tsadar aure da cire 'yan mata daga makaranta, kowa ya ce gaskiya ne, amma in an watse kowa ya koma yadda yake. Shin al'ada tana sakewa kuwa, ko wahalar baki kawai ake yi?" Na ga tambayar ta fi ƙarfin amsar tsaye, na ɗaukar masa alkawarin zan amsa a rubuce. Sai na tsara baituka goma sha biyu, na bi su da sharhi, na kuma zaɓi misali guda wanda na gani da idona, watau karatun mata. Allah ya sa mu dace.

FASALI NA ƊAYA: ASALIN AL'ADA

Na fara da sunan Rabbu Mai juya zukata,
Ina salati ga Annabi jagaban ayari.

Al'ada turba ce, ƙafafu ne suka fidda ta,
Ba daga sama ta faɗo ba, ku yi nazari.

Mutum guda in ya ratse, a ce masa ya ɓata,
Goma in sun bi shi, sawu ya fito sarari.

Ɗari in sun wuce, ciyawa ta kwanta,
Jikoki su ce nan ce hanya tun fari.

Ka sani, ya ɗan'uwa, mu mutanen zango 'ya'yan ayari ne. Kakanninmu fatake ne waɗanda suka riƙa fitowa daga Kano da Katsina da Sakkwato da jakuna, su ratsa ƙasar Bargu, su yada zango a Zugu, su nufi Gwanja sayen goro. Inda ayari ya saba kwana, nan gari ya tsiro, aka ce masa zango. Daga baya wasu suka gangaro ta Faraku har bakin teku, shi ya sa ka same mu a nan. Saboda haka babu wanda ya kamata ya fi mu sanin yadda turba take fita a daji. Ba sarki ne yake zana ta ba. Wani ne ya fara bi, ƙaya ta soke shi, wasu suka bi sawunsa, har ciyawa ta haƙura ta kwanta.

To, haka al'ada take. Abin da muke kira "haka muka taras" wani ne ya fara shi wata rana, kuma mai yiwuwa an zage shi ranar da ya fara. Abin da yake tsare al'ada kuwa shi ne kunya. Mutane da yawa ba don sun yarda da al'ada suke bin ta ba, sai don tsoron "me za a ce". Shi ya sa wa'azi kaɗai ba ya kawar da ita: mai sauraro ya gamsu a zuciyarsa, amma yana jiran wani ya riga shi. Abin da yunƙurin jama'a yake yi shi ne ya tara waɗannan masu jira wuri guda, su taka tare, har ya zama babu wanda za a nuna da yatsa shi kaɗai. Wannan shi ne jigon darasin, sauran duk shaidu ne.

FASALI NA BIYU: SHEHU DA NANA ASMA'U

A Zamfara aka ce da Shehu ya kori mata,
Aka amsa: duhun jahilci ya fi wannan hatsari.

Asma'u ta naɗa jaji, ta ɗaura mata malfarta,
Karatu ya bi ƙauye, ya zaga cikin gari.

Hujjar karatun mata ba sabuwa ba ce. Ya tabbata a cikin Buhari cewa mata sun roƙi Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ware musu rana domin maza sun rinjaye su a wurinsa, ya kuwa ware musu. Malaman ƙasar Hausa sun san wannan tun kafin a haifi Shehu Usmanu ɗan Fodiyo a 1754. Duk da haka al'ada ta tafi a kan cewa mace ta tsaya ga turmi da murhu, har Shehu ya yi kuka da wannan a littafinsa Nurul Albab, inda ya zargi malaman da suke karantar da almajirai dare da rana don neman suna, suna barin matansu da 'ya'yansu mata cikin jahilci. Ka lura, ya ɗan'uwa: hujja tana nan cikin littafi, amma turba ba ta fita ba.

Lokacin da Shehu yake zagayen wa'azi a ƙasar Zamfara, wajen 1786, mata suka riƙa halartar majalisinsa. Wani malami mai suna Mustafa Gwani ya aiko masa da waƙa yana neman ya hana su. Shehu ya sa ƙanensa Abdullahi ya mayar da amsa, ma'anarta kuwa ita ce, sun yarda cakuɗuwa ba ta da kyau, amma barin mata cikin jahilci ya fi ta muni, kuma ƙaramar ɓarna ake ɗauka don a ture babba. Wannan shi ne mutum na farko da ya ratse, aka ce ya ɓata.

Amma wadda ta mai da abin tsari ita ce 'yarsa Nana Asma'u, wadda aka haifa a 1793, matar Waziri Giɗaɗo ɗan Laima. Bayan hijira zuwa Gudu a 1804 da yaƙe-yaƙen da suka biyo, ƙauyuka suka cika da mata waɗanda ba su san farillan alwala ba, bori kuwa shi ne mafakarsu in ciwo ko baƙin ciki ya zo. Nana ba ta tsaya ga tsine wa bori ba. Tsakanin shekarun 1830 da 1840 ta kafa abin da aka sani da 'Yan Taru. A kowane gari takan zaɓi dattijuwa mai hankali ta naɗa ta jaji, kuma jaji suna ne na mai jan ayari. Takan ba ta malfa, irin wadda Innar Gobir shugabar bori take sawa, ta naɗe ta da jan rawani. Jaji takan tattaro 'yan mata waɗanda ba su isa aure ba da tsofaffi waɗanda suka gama haihuwa, su tako har Sakkwato da sadakarsu ta hatsi da zuma da mai, su haddace waƙoƙin da Nana ta tsara da Hausa da Fulatanci a kan tauhidi da salla da kyawawan halaye, su koma su koya wa matan aure da ke cikin gida.

Dubi hikimar wannan baiwar Allah. Abu huɗu ta haɗa, kuma duk yunƙurin da ya rasa ɗaya daga cikinsu ba ya nisa. Na ɗaya, hujja wadda malami ba ya iya turewa. Na biyu, abokan tafiya, domin mace guda in ta fita a ce yawo take yi, amma ayarin tsofaffi babu mai yi masa wannan zato. Na uku, tsari: akwai shugaba, akwai lokacin zuwa, akwai abin da za a haddace. Na huɗu, daraja: ta ɗauki malfar da mata suka saba girmamawa ta ɗora a kan mai ilmi, sai girma ya bi malfa ya koma wurin karatu. Nana ta rasu a 1864, ƙanwarta Maryamu ta ci gaba da aikin.

FASALI NA UKU: MASU HURA WUTA

Wuta ta ci, toka ta rufe garwashinta,
Masu hurawa suka zo, kowa da nasa shiri.

Abokin jayayya in ya ɗauko gaskiya, karɓe ta,
Kayanka ne da ka yar, kada ka yi fahari.

Turba in aka rage bin ta, ciyawa takan tashi. 'Yan Taru ba su ɓace ba a ƙasar Sakkwato, amma a yawancin garuruwa, har da zangunan kudu irin namu, abin da muka tashi muka gani shi ne yarinya ta yi allo zuwa izifi ɗaya ko biyu, a yi mata aure, shi ke nan an rataye allon. Sai a ƙarni na ashirin aka sake hura garwashin, kuma ba hannu ɗaya ne ya hura ba.

Shehu Ibrahim Inyass na Kaulaha, wanda Failarsa ta bayyana a 1929, ya kuma sadu da Sarkin Kano Abdullahi Bayero a aikin Hajji na 1937, ya karantar da 'ya'yansa mata kamar yadda ya karantar da maza, ya kuma ba mata izinin muƙaddamanci. 'Yarsa Sayyida Maryam ta buɗe makarantar Alƙur'ani a Dakar, ta yaye ɗimbin mahaddata kafin rasuwarta a 2020. A Kano, jam'iyyar NEPU da aka kafa a 1950, da Malam Aminu Kano, suka tsaya a kan makarantun Islamiyya da 'yancin mata, Hajiya Gambo Sawaba ta Zariya ta sha ɗauri da duka a kan wannan hanya, ba ta daina ba, har matan Arewacin Nijeriya suka sami ikon jefa ƙuri'a a 1976.

A nan kuma dole in faɗi wata gaskiya wadda take da ɗaci a bakin ɗan ɗarika. A 1978 aka kafa ƙungiyar Izala a Jos, a ƙarƙashin Malam Isma'ila Idris, da goyon bayan Shehu Abubakar Gumi. Saɓaninmu da su sananne ne, kuma ba nan ne wurinsa ba. Amma su ne suka fi kowa buɗe makarantun matan aure na dare da na Asabar da Lahadi, suka dage sai miji ya bar matarsa ta je. Da 'yan ɗarika suka ga matan unguwa suna komawa can, sai su ma suka tashi suka buɗe nasu, Fityanul Islam da zawiyoyi suka shiga aikin da ƙarfi. A 1985 matan da kansu suka haɗu a Minna suka kafa FOMWAN, Hajiya A'isha Lemu ta zama shugabarta ta farko. Wato gasa ta yi abin da nasiha ta kasa. Abin da abokan jayayyarmu suka ɗauko gadon Nana Asma'u ne, 'yar Ƙadiriyya, mu muka yar da shi a hanya. Wanda ya tsinto maka kayanka, ko ba ka son fuskarsa, ka karɓa ka gode wa Allah.

FASALI NA HUƊU: ABIN DA YA FARU A GIDANMU

A Zangon Kwatano ni na tare ƙofar ƙanwata,
Yau ita ke karantarwa, ni ina neman uzuri.

Kunya ba ta mutu ba, ta dai sake shimfiɗarta,
Jiya tana kan mai allo, yau kan wanda ya bari.

Ba na rubuta wannan fasali don in tona asirin kowa ba sai nawa. Wajen 1987, wata baiwar Allah da ta yi zaman aure a Zariya ta dawo unguwarmu, ta fara karantar da matan aure a wani zaure bayan sallar isha'i. Ƙanwata a lokacin aurenta ya mutu tana gida, mahaifinmu ya rasu, ni ne babba. Ta zo ta durƙusa ta ce: "Yaya, ina so in riƙa zuwa ɗaukar karatu." Na ce ba za ta je ba. Ta ce: "Yaya, ko sujadar ƙabli da ba'adi ban sani ba." Na ce in na sami sukuni zan koya mata da kaina, alhali shekara goma ina karantar da 'ya'yan mutane ban taɓa zaunar da ita ba. Gaskiyar magana, ba hujja nake da ita ba. Tsoro nake ji kada a ce matan gidan almajirin zawiya sun bi sabuwar hanya. Innarmu, wadda ba ta faɗin sunana domin ni ne ɗan fari, ta ce daga cikin ɗaki: "Kai wannan, bar yarinya ta je mana." Na yi kamar ban ji ba.

Ba a yi shekara ba Inna ta rasu. Aka zo wanka, sai aka rasa mace guda a gidanmu, gidan da ake kira gidan malamai, wadda ta san yadda ake yi wa mamaci wanka da sutura bisa sunna. Sai da aka aika wancan zauren da na hana zuwa, mata uku suka zo suka yi wa mahaifiyata wanka, suka haɗa ta, ba su karɓi ko dala ba. Ina zaune a ƙofar gida ana yi mini gaisuwa, kaina a sunkuye, mutane suna tsammanin baƙin cikin rashi ne kaɗai.

Bayan addu'ar bakwai na je wurin malamina, Allah ya jiƙansa, na ce: "Allah gafarta Malam, na yi kuskure, amma in na sake ta ita kaɗai, baki zai yi mana yawa." Ya yi murmushi ya ce: "Ɗana, wa ya ce ita kaɗai? Je ka nemo mini magidanta huɗu masu irin ciwonka." Na same su ba da wahala ba, domin ashe kowa yana so, kowa yana jiran wani. Muka yanke dare guda, gida biyar suka fitar da matansu tare, wata gwaggonmu tana gaba da fitila, ita ce jajinmu ko da ba mu ba ta malfa ba. An yi magana wata ɗaya, wata biyu. Kafin shekara ta kewayo, masu maganar sun fara aiko da nasu matan.

Lokacin kuma ya taimaka. A 1989 malaman makaranta da ɗalibai da ma'aikatan ƙasar nan, waɗanda suka yi watanni babu albashi, suka shiga yajin aiki, har Shugaba Mathieu Kérékou ya yarda aka kira babban taron ƙasa a nan Kwatano daga 19 zuwa 28 ga Fabrairu 1990, babban limamin Katolika Isidore de Souza ya shugabance shi. Wannan ma ayari ne: mutanen da kowannensu yake tsoron magana shi kaɗai suka yi ta tare. Bayan taron aka saki mara ga kafa ƙungiyoyi, makarantun Larabci da Faransanci suka yawaita, karatun zaure ya sami aji da benci.

Yau ƙanwata ita take karantar da Ahalari da Ishmawi ga matan unguwa, jikokina mata kuwa suna gyara mini madda da gunna. In ana binciken aure, tambayar farko ita ce izifinta nawa, wace Islamiyya ta yi. Magidancin da ya hana matarsa karatu shi ne yake ɓoyewa. Kun gani, kunya tana nan da ƙarfinta, wuri kawai ta sake.

FASALI NA BIYAR: MIZANI DA ROƘO

Ba kowace turba ake bi don sabuntarta,
Auna ta da Shari'a da ladabi da alheri.

Ya Rabbi ka ba mu goma masu riƙon amanarta,
Ka sa mu cika da imani, ka rufa mana asiri.

Tanbihi. Kada wani ya fahimci cewa duk abin da taro ya bi gaskiya ne. Ƙarfin da yake fidda turbar alheri shi ne yake fidda ta sharri. A cikin shekarun nan da karatun mata ya bunƙasa, mun ga masallatai sun rabu, ɗa ya ƙi bin mahaifinsa salla, an kafirta juna daga ɓangarorin biyu, yaro ya daina rusuna wa dattijo yana kiran wannan ilmi. Wannan ma sakewar al'ada ce, amma hasara ce. Saboda haka kafin ka shiga ayari ka tambaya: shin Shari'a ta yarda? Shin yana ƙara wa mutum ladabi ga iyayensa da maƙwabtansa? Shin raunana, mata da yara da marayu, su ne suke cin moriyarsa, ko shugabannin ayarin?

In ka ce, ashe ba gwamnati ce ya kamata ta yi wannan da doka ba? Sai in ce, doka tana buɗe ƙofa, amma ba ta ɗaga wa mutum ƙafa. Tun 2006 aka soke kuɗin makarantar firamare ta gwamnati a ƙasar nan, amma je ka Dantokpa da hantsi ka ga 'yan matanmu da farantin talla a ka, lokacin da tsararrakinsu suke aji. Tambayi uwar yarinyar, za ta ce maka kayan ɗaki take tara mata, domin in an kai ta da gado da katifa kawai za a yi musu dariya ranar jere. Ka ga, kunyar nan ce dai, ba ta riga ta tashi daga wannan shimfiɗar ba.

To, ya kai ɗana mai tambaya, ga amsarka. Al'ada tana sakewa, na ga ta sake a kaina. Amma ba ta sakewa da "gaskiya ne, Malam". Allah ya sanar da mu a cikin Suratur Ra'adi cewa sakewar halin mutane tana farawa ne daga abin da ke cikin rayukansu, kuma da jam'i ya yi maganar. Ka tashi ka nemi gida goma a Zango waɗanda suke da 'ya'yan aurarwa, ku yi alkawari gaban liman a kan iyakar lefe da kayan ɗaki, da cewa babu yarinyar da za a cire daga makaranta don talla. Ku sa dattijuwa mai kwarjini ta zama jajinku, domin a hannun mata wannan al'ada take. Ranar ɗaurin auren farko ku cika wurin, malamai su zo da kansu su sa albarka, don a san wannan aure ne mai daraja. Za a yi da ku, ku yi haƙuri. Wanda ya fara bin turba shi ƙaya take soka, amma shi ne yake da ladan duk wanda ya biyo baya.

Allah ya jiƙan Innarmu da iyayenku, ya saka wa matan nan uku da alheri, ya gafarta mini abin da na tauye wa ƙanwata. Wanda ya ga kuskure a cikin wannan ya gyara, domin ni almajiri ne. Allah shi ne Masani. Tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa. Tammat bi hamdillahi.